Matar da Aka Sace wa Kuka

Ranar da mijin Kalawati ya mutu, ta buɗe baki za ta yi masa kuka, sai wani ya yi dariya.

Ba da gangan ya yi ba, wannan ne ma ya fi ƙona mata rai. An shimfiɗe Ramautar a ƙasa a ƙofar ɗakinsu, an lulluɓe shi da farin ƙyalle. Matan gidan hayar suka zagaye ta, suka fasa mata awarwaron hannu, suka goge jan garin matan aure da ke tsagar kanta, suka kwance mata gashi. Abin da ya rage shi ne ta fara, su kama mata. Ta ja numfashi ta saki murya. Muryar ta taso siririya, ta hau, ta karye a sama, ta gangaro tana rawa. Can bayan maza wani ya fashe ta hanci. Na kusa da shi ya toshe baki da tafin hannu. Wata mata ta sunkuyar da kai kafaɗunta suna girgiza, kuma ba kuka take yi ba. Duk wanda ke barandar nan ya san wannan kukan. Sun ji shi a sinima, sun ji shi a talabijin, wasunsu ma yana cikin wayoyinsu.

Kalawati ta rufe bakinta. Aka ɗauki gawar aka tafi da ita wurin ƙonawa, matarsa ta shekara talatin da takwas ba ta yi masa kuka ba.

Fatalwa ce sana'arta. Ba ita ta zaɓa ba. Tana da shekara goma sha tara aka kawo ta Bombay daga ƙauyensu na arewa, amaryar wani siririn mutum mai jajayen idanu wanda aikinsa hayaƙi. In za a ɗauki fim ɗin ban tsoro, Ramautar ne ke tsugunawa bayan bishiya da kaskon garwashi, ya zuba lubban, ya yi ta fifita har hayaƙin ya kwanta a ƙasa yadda darakta yake so. Wata rana ta kai masa abincin rana a wani tsohon gida da ake haya don ɗaukar fim, ta tarar ana rigima. Yarinyar da za ta fito a fatalwa ta ce ita ba za ta taka ciyawa ba takalmi ba. Darakta, wani Lalwani Sahab mai tumbi da zobba, ya waiwaya ya ga gashin Kalawati har gadon baya.

"Wannan ta waye?"

"Tawa ce, Sahab," in ji Ramautar.

"Tana jin tsoron ƙaya?"

"A gona ta girma, Sahab."

"Ku ba ta sarin."

Shi ke nan. Daga ranar ta yi shekara talatin da ɗaya tana tafiya a hankali cikin hayaƙin mijinta, da farin sari, gashi ya rufe fuska, kyandir a hannu, 'yan kacau-kacau a ƙafa. Da rana tsaka ake ɗauka, a sa wa kyamara baƙin gilashi a ce dare ne, ita kuwa gumi yana bin bayanta har ƙafa. Fim sittin da wani abu ta yi, ba wanda aka rubuta sunanta a ciki. A takardar aiki "fatalwa, ɗaya" ake rubutawa, a ƙarƙashin "kare, ɗaya".

Ba ta da baki a wurin, amma ba ta iya yin shiru. Ta taɓa tare Lalwani Sahab yana shan shayi.

"Sahab, wace mace ce za ta mutu, ta sha wahala ta dawo, sannan ta tsaya neman kyandir? Ni da na mutu na dawo, kicin zan fara shiga in ga wa ke taɓa min tukwane."

"Ji ta! Yanzu ke za ki koya min fim?" Ya kurɓi shayi. "Mutumin da ya sayi tikiti yana so ya san lokacin da zai ji tsoro. Ya ji cas-cas a ƙafa, ya ga hayaƙi, ya ga fari, sai ya kama hannun matarsa ya shirya. In kin fito da koren sari kina yanka albasa, ta ina zai san ke ce? Je ki, a sake miki gashi."

Kuma a lokacin gaskiyarsa ne. Mutane suna jin tsoro na gaske. Ita da Ramautar sukan sayi tikitin gaba, mafi arha, su zauna ba wanda ya san su. Da an ji cas-cas ɗin nan sai sinima ta yi tsit, masu gyaɗa su daina ɓarewa. Ta ga ƙaton mutum mai gashin baki ya ɗaga ƙafafunsa ya ɗora kan kujera. Ta ga wata ta tura kanta cikin jakarta. Kalawati takan taɓa mijinta da gwiwar hannu, shi kuma ya raɗa mata cewa hayaƙin ne ya yi aikin, ita ai tafiya kawai ta yi. A hanyar gida su yi ta musu har su sayi rake.

Kukan kuwa a shekara ta biyar aka same shi. Kafin ɗansu Sushil sun haifi 'ya mace, suna ce mata Gudiya. Wata bakwai ta yi, zazzaɓi ya ɗauke ta cikin kwana biyu. Kwana tara da binne ta aka aiko Kalawati ta zo ɗakin ɗaukar murya, don fim ya kusa fita, fatalwa kuma ba ta da kuka. In ta ƙi zuwa akwai mata goma a bakin ƙofa masu dogon gashi. Ta je. Aka tsayar da ita gaban makirufo a wani ɗaki mai sanyi, aka ce, "Yi kuka, kamar an kashe ki an jefa a rijiya." Ita ba ta san rijiya ba. Nononta yana tsiyaya cikin riga, ta rufe ido ta yi wa 'yarta kuka.

Mai ɗaukar muryar ya cire abin kunnensa. Ta ɗauka zai ce mata sannu. Sai ya ce, "Wannan ya yi. Ba sai an sake ba."

Suka ƙara masa amsa-kuwwa suka sa a fim. Daga nan faifan ya shiga hannu. Wannan ya kwafa ya ba wancan, wancan ya sayar wa na Madras, har kukan ya riƙa fitowa a finafinan da ba ta taɓa taka wurin ɗaukar su ba, daga bakin matan da ba ta taɓa gani ba. Ba wanda ya san daga inda ya fito sai mutum biyu. Duk sanda suka je sinima aka zo wurin, Ramautar yakan miƙe ya ce zai je ya sha iska.

To, ɗan Adam ba ya jin tsoron abu ɗaya har abada. A hankali 'yan kallo suka haddace komai. Sun san in mota ta lalace gaban tsohon gida, mai gadi zai fito da fitila ya ce kada a kwana. Sun san in yarinya ta shiga wanka, wuta za ta ɗauke. Da an ji cas-cas sai samarin kujerun gaba su fara ƙirgawa da ƙarfi, ɗaya, biyu, uku, ƙofa ta buɗe da kanta, su sa tafi da fito. In Kalawati ta bayyana cikin hayaƙi sai wani ya yi ihu yana ce mata Mausi, wato inna, "Ga ta nan! Mausi, ashana kike nema?" In kukan ya taso, sinima gaba ɗaya ta kama shi tare da ita, har da masu karya murya a inda take karyewa. Masu fim kuma, maimakon su yi tunani, sai suka ƙara hayaƙi, suka ƙara jini, suka sa mata haƙoran roba. Suna ƙarawa ana ƙara dariya. Daga baya aka daina kiran ta, aka daina kiran Ramautar. Ya koma sayar da turaren tsinke a bakin tashar jirgin Malad da ƙirjin da lubban ya riga ya cinye.

Da a nan abin ya tsaya da sauƙi. Amma wasu 'yan talabijin suka zo neman tsofaffin 'yan fim da aka manta, suka nuna fuskarta, suka sa kukan a ƙarƙashi. Washegari gidan haya mai ɗaki sittin ya wayi gari da sabon abin wasa. Mausi Fatalwa. Guddu, mai shagon gyaran waya a ƙasan bene, ƙato da 'ya'ya uku, shi ya yanko kukan ya riƙa tura wa mutane a waya, wai in matarka ce ke kira sai ya riƙa tashi. Ramautar ya taɓa sauka zai yi masa magana, tari ya tsare shi a tsakiyar bene, ya dawo.

Yanzu ga shi ya mutu, ga ta cikin farin sari na takaba, wannan karon ba daraktan da zai ce an gama ɗauka, ta je ta cire.

Kwana goma sha biyun nan ta ga halin mutane. Wanda zai karkaɗa makullai a bayanta in ta fito ɗiban ruwa, cas-cas-cas, shi ne in ya haɗu da ita su biyu a kan bene da rana tsaka zai manne da bango yana kiran sunan Bhagwan, ubangijinsu. Dariya a cikin taro, rawar jiki in ba kowa. Matan da al'ada ta ce su zo kowace safiya su taya ta kuka suna zuwa, su zauna, su kafa ido a ƙasa, kowace tana addu'ar kada ta fara don kada a kunyata. Ita ma ba ta farawa. Kukan yana nan bai fita ba, ba ta iya cin abinci sosai, ba ta iya barci. Kuma ta san kwanakin ƙidayayyu ne. Ranar sha uku za a yi sadaka, a ciyar da jama'a, a naɗa wa ɗa rawani, a ce makoki ya ƙare. Bayan nan macen da ta ɗaga murya, cewa za a yi tana hana mamaci tafiya.

Ana jibi sadaka Phoolmati ta iso daga ƙauye. Matar yayan Ramautar ce, tsohuwa mai baki kamar reza, wadda tun farko ba ta taɓa yafe wa Kalawati aikin nan ba. Ko jakarta ba ta ajiye ba ta fara.

"Maman Sushil, ai kin samu abin da kike nema. Mace mijinta yana raye, lafiyarsa ƙalau, kullum ta tashi ta ɗaura farin zawarawa ta kwance gashi. Shekara talatin kina kiran mutuwarsa."

"To ai ta yi nawa wajen amsawa, Jiji. Naki mijin da ba ki taɓa sa masa fari ba, shekara nawa yau da mutuwarsa?"

"Ki ji bakinta! A gidan makoki!"

"Kuɗin farin nan shi ya yi wa ɗakinku na ƙauye rufin kwano. Lokacin ban ji kin ce a cire ba."

Phoolmati ta ja bakin sari ta rufe fuska ta yi kukan da ba hawaye, mai kyau, mai tsari, mata suka kama mata nan take. Kalawati tana zaune tana kallon yadda ake yi wa mijinta kuka da muryar wata.

Daren jajibiri bai yi ba sai da Sushil ya zo ya tsuguna gabanta. Yana aiki a wani ofishin inshora, yana sa riga mai guga, kuma shi ma abin yana cin sa tun yana makaranta. Amma yake kiran ta, wato uwa da harshensu.

"Amma, gobe mutanen ofishinmu za su zo. Har da manaja."

"Su zo mana. An dafa da su."

"Tai-ji ta ce..." Phoolmati yake nufi. Ya kalli ƙasa. "Da kin zauna a ciki. Mata za su shigo su gaishe ki. Ba don komai ba, Amma, kin san mutanen gidan nan. Kada a yi abin da za a yi ta faɗa."

"Ni ce abin da za a yi ta faɗa?"

"Ban ce ba."

"Ka ce. Tashi ka je."

Ranta ya ɓaci ƙwarai, amma ta zauna. Ɗanta ne, kuma ba ƙarya ya yi ba.

Washegari tun da hantsi aka share tsakar gidan, aka shimfiɗa tabarmi layi-layi. Pandit-ji, malamin addininsu, da mutanensa suka ci nasu aka sallame su. Sannan jama'a suka zauna, an jera musu farantan ganye, ana bi ana zuba puri, soyayyiyar gurasarsu, da miyar kabewa da shinkafa da madara. Kalawati tana ɗaki a sama, an sakaya ƙofa, tana jin ƙarar bokitai da kiran a ƙaro nan, a ƙaro can.

Sai ta ji kanta. Daga tsakar gida muryarta ta taso siririya, ta hau, ta karye. Guddu ne yake nuna wa wani ɗan ofishin Sushil abin a waya, bai san ya bar sautin a sama ba. Sai dariya ta bi layin tabarmin, irin wadda ake dannewa tana fita ta hanci. Wani ya ce, "Kashe, kashe, kada ta sauko!" Aka ƙara fashewa.

Kukan Gudiya ne. A sadakar uban Gudiya.

Kalawati ta miƙe. Ta tattara gashinta ta ɗaure tamau. Phoolmati ta tare ƙofa tana cewa ina za ki, ta ture ta gefe da hannu ɗaya. Ta sauko benen da sauri, taku biyu-biyu, irin saukowar macen da ta bar madara a wuta. Ba wanda ya ji zuwanta. Guddu yana ta kokawa da wayar, ya ɗago, sai ga ta tsaye a kansa.

"Ba ni."

"Mausi, na rantse kuskure ne, hannuna ne ya..."

"Ba ni, Guddu."

Ya miƙa. Ta jefa wayar cikin bokitin miya. Sannan ta juya ta dubi layin mutanen, da muryar da take tambayar kuɗin tumatir a kasuwa.

"Ku ci gaba mana. Me ya tsayar da ku? Au, ba a yi cas-cas ba? Ba hayaƙi? Mai hayaƙin ai ya mutu, abincinsa kuke ci." Ba wanda ya motsa. "Shekara talatin muna yi muku gata, ni da shi. Kafin in fito sai an kaɗa muku ƙararrawa, an kashe fitila, an ba ku lokaci ku kama hannun juna. Har kuka ɗauka haka mutuwa take zuwa. Ku tambaye ni yadda ta zo, ina wurin. Ƙarfe sha ɗaya na safe, rana tana haskawa, rediyon maƙwabcinmu Sharma-ji yana tallan sabulu. Yana zaune a bakin gado yana ɓare lemo, ya ce min wannan ba zaƙi. Na juya in ɗauko gishiri. Shi ke nan. Na juyo lemon yana ƙasa."

Ta nuna Guddu da haɓa. "Kai ma haka za ta zo maka, kana tsakiyar kwance wayar wani. Ke ma, Jiji. Kai ma, manaja, ko wane ne kai a cikinsu. Ba wanda zai ƙirga muku ɗaya, biyu, uku."

Wani tsoho ya ajiye lomar da ya ɗauka. Wata mata ta jawo ɗanta jikinta. Sushil yana tsaye da sabon rawani a kansa, ya ce a hankali, "Amma."

"Yi shiru. Kwana sha uku ina riƙe da kukan nan saboda ku."

Ta zauna a ƙasa a tsakiyar tsakar gidan, gaban hoton da aka rataya wa furanni. Ta dube shi. A wurinsu mace ba ta kiran sunan mijinta, tun ranar aure har ta mutu. Baban Sushil take cewa, ko ta ce "kuna ji". Yau ta kira shi a gaban maza da mata.

"Ramautar."

Phoolmati ta dafe ƙirji.

"Ramautar!"

Abin da ya biyo baya ba shi ne na waya ba. Wancan kukan yarinya ce 'yar ashirin da huɗu, an gyara shi an goge. Wannan na tsohuwa ne, mai kauri, mai gurnani, yana fita guntu-guntu yana sarƙe ta, ba ya hawa ko'ina balle ya gangaro. Majina da yawu suna zuba a kan farin sarin. Tana dukan ƙasa da tafin hannu. Ba wanda ya taɓa jin sa, ba wanda ya san inda zai karye ko yaushe zai ƙare, saboda haka ba wanda ya san abin da zai yi da fuskarsa. Ko matan da aikinsu ne su kama mata, ba su sami inda za su kama ba.

Ba a yi dariya ba. Ɗan ofishin ne ya fara miƙewa, ya nemi takalminsa ya fita ko hannu bai wanke ba. Sai na kusa da shi. Guddu ya bi bango ya shige shagonsa ya ja ƙofar ƙarfe. Cikin ɗan lokaci layukan suka watse, aka bar farantan ganye cike da puri, ƙudaje suna sauka. A sadakar mamaci a tashi a bar abinci, babu abin kunyar da ya kai wannan, kuma za a yi ta faɗa daga nan har ƙauye.

Phoolmati ta sauko a fusace, ta tsaya a kanta.

"Kin ji daɗi? Kin kore su. Ko rabi ba a ci ba. Kin ɓata masa sadaka, kin zubar wa ɗanki mutunci gaban manyansa. Yanzu me za mu yi da abincin mutum ɗari?"

Kalawati ta ɗago. Idanunta sun kumbura, muryarta ta dushe har da ƙyar ake ji.

"Ki rufe shi, Jiji, ki matsa. Ban gama ba."